Faifan kuloci biyu cikin shekara ɗaya: abin da ya faru da wata Golf a hanyar Illela

Motar Golf 3 ce mai dogon baya, irin wadda kamfanin Volkswagen ya ƙera a Jamus cikin shekarun 1990, wadda yau ta zama jakin hanya a wannan yanki namu. Na saye ta ne don ta riƙa tallafa wa gida, na damƙa ta a hannun ɗan yayata, yaro mai natsuwa, ba ya shaye-shaye, ba ya gudun ganganci. Hanyarta guda ce: daga Sakkwato zuwa Illela ta Kware da Gwadabawa, kilomita 80 da 'yan kai, ta juyo. Ran Lahadi, da yake ita ce ranar kasuwar Illela, takan yi sawu biyu. Cikin shekara ɗaya motar nan ta cinye faifan kuloci biyu, kuma sai a karo na biyun muka gano mai cin sa. Mu uku muka haɗu muka yi ɓarnar, ni da direban da bakaniken farko, shi ya sa nake son in faɗi yadda abin ya gudana daki-daki.

Da bazara abin ya soma, cikin Afrilu, lokacin da zafin Sakkwato ke haura digiri 40. Ya kawo balas da dare, ya tsaya yana juya makulli a hannu, sannan ya ce, "Kawu, motag ga ta yi sanyi. In na taka totur ƙara taka yi, amma tahiyat ba ta kai ƙarar ba."

Da na saurari maganar da kyau, da a daren nan an gama gano ciwon, domin ya faɗe shi tsaf. Amma ni "ta yi sanyi" kaɗai na ji. Na ce ya kai ta a canja fulogi da filtar mai, a kaɗe ta iska. Aka yi, kuɗi suka tafi, mota ta ci gaba da halinta.

Tsakanin injin da ya rasa ƙarfi da kulocin da ke zamewa akwai bambancin da kunne ke iya rarrabewa ba tare da an buɗe bonet ba. Injin da ya gaza, idan ka matsa masa a hawa ko da lodi, muryarsa ƙasa take yi, ya riƙa nishi kamar zai mutu. Shi kuwa kuloci mai zamewa, murya sama take tashi, inji ya yi ta kururuwa kamar an saki totur a firi, amma gudun motar yana nan inda yake, sai daga baya ka ji ta kamo sannu a hankali. Ƙarfin yana nan, hanyar kai shi ga taya ce ta lalace. Kuma a manyan lambobi yake fara nunawa, lamba huɗu ko biyar, lokacin da direba ya fito zai wuce babbar mota. A lamba ɗaya da biyu mota na iya yin watanni tana tashi lafiya lau, mai ita yana zaton komai daidai ne.

Dalilin yana cikin yadda aka gina abin. Tsakanin inji da giyabos akwai wani faifai, faɗinsa bai wuce na faifan rufe ƙwarya ba, an manna masa wani abu mai kaushi gaba da baya, ɗan'uwan wanda ke jikin birki, an ɗaure da ƙananan ƙusoshi da ake kira ribit. Faifan nan yana matse tsakanin ƙarafa biyu masu juyawa tare da inji, wato filawil da kaba, sifirin mai ƙarfi ne ke matse shi. Idan ƙafarka ba ta kan fedar kuloci, a matse yake gam, yana juyawa tare da su kamar abu ɗaya, ba abin da ke gogar wani. Idan ka taka har ƙasa, an sake shi sarai, nan ma ba guga. A tsakanin nan biyu ne kawai yake cin jikinsa, wurin da direbobi ke kira rabin kuloci. Naman da ke saman kan ribit kuwa bai fi milimita 1 zuwa 2 ba ko a sabon faifai. Wannan ɗan naman shi ne jarin gaba ɗaya, kuma ƙafar hagu ce ke kashe shi.

Akwai sauran alamu da suka zo muka kau da kai. Mota ta fara shan mai fiye da da, tunda wani kaso na ƙarfin inji yana ƙonewa a banza a jikin faifai. Wannan ita ce alamar da ta fi damuna idan na tuna, domin sai da zuciyata ta fara raya mini ko yaron nan yana ƙara kuɗin mai ne a lissafi. Ban furta ba, amma na zarge shi a raina, alhali bai ci kwabona ba. Akwai kuma wani ƙauri mai kama da na birkin babbar mota idan ya yi zafi, wanda ya ce yakan ji bayan ya fita daga cunkoso. Sannan feda ta koma sai an ɗaga ƙafa kusan ƙarshe kafin mota ta motsa.

Wata Lahadi ce abin ya ƙare. A hanyar dawowa ya sauka daga kwalta ya shiga wani ƙauye kusa da fadama don ya ɗauki albasa, ga fasinja cike. Da aka gama lodi tayoyin gaba suka nutse cikin rairayi. Bai sauke kowa ba. Ya sa lamba ɗaya, ya ba ta wuta sosai, ya riƙe feda a rabi don kada ta mutu, ya koma ribas, ya sake dawowa, haka ya yi ta yi har hayaƙi ya fara fitowa ta ƙarƙashi. Samarin ƙauyen suka turo ta ta hau kwalta, amma daga nan ko lamba biyu ba ta iya ja. Da igiya aka jawo ta cikin gari bayan magariba.

Bakaniken farko ya ba ni zaɓi biyu: a sayi saiti guda, faifai da kaba da boris, wato ɗan ƙarfen nan mai juyawa da ke tura kuloci idan an taka feda, ko a sa faifai kaɗai. Na zaɓi faifai kaɗai, kuma cikin faya-fayan da aka nuna mini na ɗauki mai araha. Bai yi mini musu ba, ni ma ban je na ga abin da aka ciro ba. Ya sauke giyabos, ya sa sabo, ya mayar, washegari mota ta koma tasha. Wata huɗu ta yi. Da kaka ta fara karkarwa idan za ta tashi, kamar mai jin sanyi, daga nan zamewar ta dawo.

A karo na biyu wani abokin aikina ya haɗa ni da wani dattijon bakanike da ya daɗe a kan motocin Jamus. Sharaɗinsa na farko shi ne ba zai kwance ba sai mai mota da direba suna tsaye. Da aka sauke giyabos ya shimfiɗa buhu a ƙasa ya jera kayan. Faifan da bai wuce wata huɗu ba ya yi baƙi ƙirin, yana sheƙi kamar an shafa masa man kaɗe, amma namansa da saura. Ya dangwala yatsa ya shinshina, ya miƙo mini.

"Malam, sansana. Mi kaka ji?"

Na ce wari nake ji kamar na farar wuta.

"To wanga ba baƙin mai ba ne. Man giya ne."

Sai ya nuna mini inda yake fitowa. Giyabos ɗin irin wannan Golf tsarinsa daban ne da na yawancin motoci. Wani siririn ƙarfe mai tsawo, kaurinsa kamar na fensir, shi ke ratsa tsakiyar shaf ɗin giyabos ya je ya tura kuloci. A bakin ramin da yake bi akwai wani ɗan sil, wato robar da ke hana mai fita, da bai fi maɓallin riga girma ba. Idan ya bushe, man giya ya riƙa bin ƙarfen yana ɗiga kai-tsaye a tsakiyar faifai. Namu ya ƙandare, da ya matsa shi da farce sai ya tsage. A ganinsa zafin ranar rairayin nan ne ya gama da shi, kuma da an canja shi a gyaran farko, da kuɗin da bai kai na cin rana ba, da ba mu dawo ba. Faifan da ya sha mai ba ya wankuwa. Yakan kama ya saki, ya kama ya saki, wannan ce karkarwar da muke ji.

Ya juyo filawil ɗin zuwa hasken rana. Fuskarsa duk tabo ne shuɗi-shuɗi na ƙuna, da ƙananan tsage kamar laka ta bushe a fadama. Kabar ma haka, kuma ya ce sifirin da ya taɓa yin irin wannan zafi ba ya komawa da ƙarfinsa. Ke nan sabon faifan da na saya, tsakanin ƙonannun ƙarafa biyu aka sa shi, wanda zai matse shi ɗin ma ya riga ya saki.

Daga nan ya tambayi tsohon faifan, na farkon. Allah ya sa yana cikin but, ba a yar ba. Ya ajiye su gefe da gefe. Na farkon a bushe yake ƙayau, ba ɗigon mai, amma an cinye shi har kan ribit ɗin sun fito suna walƙiya, gefensa ya ƙone ya fara marmashewa.

"Wanga mai yak kashe shi," ya nuna na biyun. Sannan ya ɗaga na farkon, ya dubi yaron. "Wanga kau ƙahwa ta, da lodi. In mun gyara mai munka bar ƙahwa, za ku dawo."

Yaron ya ce shi kam ba ya wasa da kuloci. Dattijon bai ja maganar ba. Bayan an haɗa mota ya ce a zaga da shi, ya zauna gaba, ni ina baya. Muka bi ta wajen kasuwar Kara, inda amalanke da Keke Napep da babura da dabbobi ba sa barin mota ta yi taku goma a jere. Tun da muka tashi bai dubi hanya ba, ƙafar yaron kawai yake kallo.

"Ɗauke ƙahwakka."

"Baba, ban taka ba. Aza ta kawai niy yi."

"Azawat ita muka magana."

Da muka tsaya ya sa ni na durƙusa na shimfiɗa tafin hannuna a kan feda, ya ce yaron ya ɗora ƙafarsa daidai yadda ya saba. Na ji nauyi sosai, ga takalmi ga ƙafar ƙato, kuma fedar ta ɗan nutsa ƙarƙashin hannuna. Shi mai ƙafar bai san yana yi ba. Wannan ɗan nutsawar ta isa ta sa boris ya yi ta aiki ba hutu, ta kuma rage matsin da ke kan faifai. Idan mota ta faɗa rami ko ta hau tudun rage gudu, ƙafar ta ƙara dannawa. A lissafa hakan sau nawa ne daga Sakkwato zuwa Illela.

A wannan zagayen ya kama shi da wasu halaye. A tudun rage gudu ba ya sauko da giya, sai ya bar ta a lamba uku, ya danna rabin kuloci ya ƙara wuta har ta farfaɗo. Idan ba kaya da yawa da lamba biyu yake tashi. Idan aka tsaya jira, kamar a shingayen binciken da ke cike da hanyar kan iyaka, ba ya sa firi, yana nan da giya a ciki da ƙafa a ƙasa, yana ɗan saki yana matsawa taku-taku. Mafi muni kuma shi ne a hawa. Garin Sakkwato a kan tudu yake, mai shigowa daga wajen gulbi dole ya hau, kuma idan cunkoso ya tsayar da shi a nan, da kuloci da totur yake riƙe mota kada ta koma baya. Da aka tambaye shi dalili ya ce ai hambirki ya fi shekara ba ya kamawa. Na san da haka. Ya taɓa gaya mini na ce a bari sai an samu sarari.

Ban ga laifin yaron shi kaɗai ba, kuma har yanzu ban gani ba. A tasha ya koyi tuƙi, yana yaron mota, inda babban abin kunya shi ne mota ta mutu a hannunka gaban fasinja. Wanda ya koya masa cewa ya yi ƙafa ta zauna kusa da kuloci ko da yaushe. Sannan tun da aka cire tallafin man fetur a watan Mayun 2023, kowane direba yana neman dabarar rage shan mai, wasu su ƙi sauko da giya, wasu su danne kuloci a gangara su bar mota ta yi ta gangarawa. Abin da aka yi tsiminsa a mai, a gareji ake biyan sa. Ni kuma ban rage balas ba da kuɗin mai ya tashi, alhali na san ba inda zai cike giɓin sai a lodi. Irin wannan mota abin da aka ƙera ta ta ɗauka kimanin kilo 500 ne har da direba. Mutum biyu a gaba, huɗu a baya, ga direba, bakwai ke nan. Ko kowannensu kilo 60 ne an kai 420 tun ba a sa ko ƙullin kaya ba. Babban buhun albasa kuwa yakan kai kilo 100, kuma ranar rairayin nan uku ya ɗauka. Duk lokacin da wannan nauyi zai tashi daga tsaye, faifan nan mai faɗin murfin ƙwarya ne ke ɗaukar gugar.

Dattijon ya koya mana gwaji biyu da ba sa bukatar sifana. Na farko a tsaye ake yi, a fili inda ba kowa a gaba: a ja hambirki, a sa lamba uku ko huɗu, a ɗan ba ta wuta kaɗan, a saki kuloci a hankali har ƙarshe. Lafiyayyen kuloci zai kashe injin nan take. Idan an ɗauke ƙafa gaba ɗaya inji yana ci gaba da juyawa, faifai ya tafi. Ya gargaɗe mu kada a wuce daƙiƙa biyu ko uku, kada kuma a mai da shi abin yi kullum, don shi kansa gwajin yana cin faifai. Na biyun a kan hanya ne: ana tafiya kamar kilomita 50 ko 60 a lamba huɗu ko biyar, a take totur har ƙasa a saurara. Idan ƙara da gudu suka tashi tare, lafiya. Idan ƙara ta riga gudu, a fara tanadin kuɗi tun kafin ribit ya kai ga filawil.

Wani abin da na ƙaru da shi a ranar shi ne ba kowane kukan kuloci ne na faifai ba, kuma mutane da yawa suna biyan kuɗin sauke giyabos a banza. Idan giya ce ke wuyar shiga, musamman ribas ta riƙa gurzawa, to kulocin ba ya saki ne sosai, kuma sau da yawa daga kebul ɗin da ke haɗa feda da giyabos ne. A motocin da ke amfani da man birki wajen tura kuloci, irin su Sharan da Hiace, idan feda ta yi laushi ko ta kwanta ƙasa ta ƙi tasowa, a fara duba mai da abin da makanikai ke kira kulocin sama da kulocin ƙasa. Idan kuwa wani kuka ne ke tashi daidai lokacin da aka taka feda, ya ɗauke idan an saki, boris ne. A irin giyabos ɗin Golf ɗinmu boris ɗin a can ƙarshen waje yake, bayan wani murfi, ana canja shi ba tare da an sauke komai ba.

Gyaran da aka yi a karo na biyu ya ci kuɗi fiye da ninkin na farko. An sa saiti guda, an canja sil ɗin siririn ƙarfen da na shaf ɗin giyabos da na bayan inji tunda an riga an buɗe, an samo filawil ɗan gwanjo mai lafiyar fuska, an kuma gyara hambirki. Dattijon ya ce a lallaɓa ta na 'yan kwanaki ba lodi mai nauyi har faifan ya zauna. Game da rairayi kuma maganarsa gajera ce: a sauke mutane, a tone gaban taya, a sa kara ko reshe, a tashi da wuta kaɗan a saki kuloci gaba ɗaya. Idan an gwada sau biyu ba ta fita ba a kashe ta a nemi masu turi. Da zarar an ji ƙauri a tsaya ta huce.

Raba ƙafa da feda ya fi komai wuya. Makonni ya yi yana kama kansa. Daga baya shi da kansa ya samo wani guntun katako ya ɗaure a gefen hagu, can kusa da bango, ya zama wurin ajiye ƙafa, da ya canja giya sai ya mai da ita can. Ya ce kwanakin farko ji yake kamar ya saki sitiyari. Mota ta mutu masa sau biyu a hawa yana koyon tashi da hambirki, 'yan kamasho suka yi masa dariya, ya daure.

Na rage balas. Yanzu motar ta haura shekara da wannan faifan, kuma duk farkon wata nakan karɓi makulli da safe in fita da ita hanyar Kware in yi gwajin lamba huɗu da kaina, ƙara da gudu suna tashi tare. Shan mai ya koma yadda yake a da. Maganar lodin ran Lahadi ce ba mu gama daidaitawa ba. Na ce idan fasinja sun cika, buhu ɗaya. Shi ya ce masu albasar Gwadabawa ba za su raba kayansu mota biyu ba, idan ya ƙi ɗauka na bayansa zai ɗauka, gobe kuma ba za su neme shi ba. Mun tsaya a kan buhu biyu, da sharaɗin ya rage mutum ɗaya a baya, kuma ba zai sauka daga kwalta da lodi ba, sai dai a kawo masa kayan bakin hanya a amalanke.